Ƙayar Kifi a Hankici

A kasuwar kifi ta bakin ruwa a birnin Washington na Amurka, Idrissa direba ya ajiye mota yana cin abinci, amma idonsa na kan tsohon da ke benci ɗaya da shi. Furfurarsa kitso biyu ce har kafaɗa, hularsa saƙar ɓawon itace, kwat ɗin kuwa ta yi masa yawa, kamar ta aro. Wataƙila daga wani ofis ya fito, inda aka saurare shi da murmushi aka sallame shi.

Gasasshen kifin salmon yake ci a hankali. Duk ƙayar da ya zare sai ya jera ta a farin hankici, ko ɗaya ba ya bari ta faɗi.

"Baba, me za ka yi da ƙaya?" Idrissa ya tambaya da Turanci.

"Mu 'yan asalin ƙasar nan na gaɓar tekun yamma, tun kafin zuwan Turawa, kifin farko na shekara ruwa muke mayar da ƙayarsa, don 'yan'uwansa su dawo baɗi."

"Suna dawowa?"

"An datse koginmu. Jikokina a gwangwani suka san kifin."

Ya miƙe da ƙyar, ya jingina da ƙarfen bakin ruwa, yana magana ƙasa-ƙasa da wani yare, ya zazzage hankicin. Kogin ba nasu ba ne, ruwan duk ledoji. Ƙayar ba ta ko nutse ba tsuntsaye suka wawashe ta.

Tsohon ya ci gaba da addu'arsa har ya kai ƙarshe.