Yafiyar da aka yi a zaurena

Gab da faɗuwar damina motar hatsi ta banke acaɓar da na hau daga Kusada zuwa Kankia. Ɗan acaɓar ya tashi da ƙujewa, ni kuwa cinyata ta dama ta karye. Aka kwaso ni zuwa gida a ƙauyenmu Ƙofa, mai ɗori ya ɗaure ƙafar da karare, ya ce kada in kuskura in taka ƙasa sai kaka.

Ina kwance a ɗaki mai motar ya zo jaje, wani Alhaji mai sayen hatsi a Kankia, da direbansa da dattawa da ƙullin goro. A zaure suka tsaya. Baffana, ƙanen mahaifina, shi ne babba a danginmu, shi aka kira ya tarbe su. A wajenmu idan aka zo irin wannan jaje, babba yakan riga kowa cewa an yafe, don kada a ce gidan bai yarda da ƙaddara ba. Haka baffa ya yi, aka shafa fatiha, aka raba goro. Ni mai cinyar, a bakin matata na ji labari, ko goron ban samu ba.

Da farko na haɗiye. Sai ruwa ya sauka, ina jin maƙwabta suna fita da shanun huɗa tun da sassafe, gonata tana kwance kamar ni. Rumbuna ya kusa ƙasa, 'ya'yana duk ƙanana. Raina ya ɓaci ƙwarai. Na aika aka tambayo mini limami, ya ce haƙƙin rauni na mai rauni ne, babu mai yafe shi a madadinsa.

Baffa ya shigo ya tsaya a kaina.

"Mi kake nema, ka maishe ni ƙaramin mutum? Na riga na ba mutane baki."

"Baffa, Allah shi ba ka haƙuri, na yarda da ƙaddara. Amma wa za ya yi mani huɗa?"

Ya kaɗe riga ya fita.

Ranar kasuwa na sa aka shimfiɗa katifa a bayan motar a-kori-kura, aka kai ni har ƙofar shagon Alhaji, kowane rami a hanya sai da na ji shi a ƙashina. Mutane suka taru suna kallo, ban damu ba, ai kallon na zo a yi.

Alhaji ya leƙo ya ce, "Malam, ai an wuce wurin. Babanku ya yafe."

Na ce, "Alhaji, wanda ya yafe da ƙafafunshi biyu ya tashi. Ni ga tawa, a dube ta."

Ya tambayi nawa nake so. Na ce ban zo ciniki ba. Diyyata ita ce a kai ni asibiti a duba ɗorin, a noma mini gonata daga huɗa har girbi. In bai yarda ba, gobe a ƙofar alƙali za a ajiye katifar nan. Dattawan kasuwa suka sa baki, ya amince a gabansu. Kuma ya cika alkawari, ba zan ci haƙƙinsa ba.

Da kaka gero ya shigo gida, ina dogara sanda ina nuna inda za a jibge. Na zaɓi dami mafi kyau na aika wa baffa, kamar yadda nake yi kowace shekara. Kafin la'asar aka dawo da shi, ko kwance shi ba a yi ba. Har ya koma ga Allah bai sake taka zaurena ba, kuma abin yana ci mini rai har yau.

Damin nan na sa aka mayar rumbu. Shi yarana suka sha kunu da shi a watan azumi.