Kawuna da Mutumin da Muka Bari a Kogo

Kawuna, ƙanin mahaifiyata, a kan kogi ya ƙarar da ƙarfinsa. Da can masunci ne. Da kifi ya ja baya, wani mutum ya zo da ƙananan kwale-kwale na roba masu launi, kowanne na ɗaukar mutum biyu, ya buɗe kamfanin kai baƙi yawon yini guda a kan ruwa. Kawu ne mutum na farko da ya ɗauka aiki. Abokan aikinsa Na-Gaba suke ce masa, don shi ne ke jan ayari. Gajere ne, mai kaurin damtse, tafin ƙafarsa kullum fari saboda jiƙa. Kafaɗarsa ta hagu ta daɗe tana damunsa. Kowace safiya yakan shiga sito inda ake rataye rigunan ceto, ya tura ƙofa, ya shafa man zafi, don kada mai kamfani ya gani.

Da na gama jami'a na rasa aiki, na zauna a gida har mahaifiyata ta gaji da ganina, sai ya ce in zo in riƙe masa bayan ayari. Digiri yake kirana.

"Digiri, ba a karanta ruwa da tabarau. Cire su kafin kogi ya aro."

Hanyar ɗaya ce kullum. A tashi da safe daga mashaya, a tsaya a ƙauye na farko baƙi su sayi tabarmi da tukwane su ɗauki hoto, a wuce zuwa kogo, a ci abincin rana a ƙauye na biyu, mota ta kwashe su a gada. Kogon ne abin da ke kawo mutane. Bakinsa ƙasa-ƙasa ne, ruwa na ratsa shi, masu aikin suna ce masa Maƙogwaro. Ba a shiga a zaune. Sai kowa ya kwanta rigingine a cikin kwale-kwalensa, a ɗaure su duka a igiya ɗaya, Kawu a gaba yana tura rufin dutsen da tafin hannu yana jan sauran. Can ciki wurin ya buɗe kamar babban zaure, da tudun yashi inda baƙi ke sauka su kalli jemagu su yi ihu su ji muryarsu ta dawo.

In za a fito, Kawu yakan bi igiyar a cikin duhu yana dafa hancin kowane kwale-kwale yana ƙirgawa. Haka duk masu aikin kogin suke yi. Kwale-kwale ake ƙirgawa, don shi hannu ke iya taɓawa a duhu, kuma babu wanda ya taɓa tunanin wani zai ƙi shiga nasa.

Ranar da nake magana a kai, ma'aikatan wani ofis muka ɗauka, su goma sha ɗaya a kwale-kwale shida. Manajansu shi kaɗai ya shiga nasa. A cikinsu akwai direban ofis, dattijo mai furfura a gemu, wanda bai so ya hau ruwa ba, manaja ya ce ai yau kowa da kowa ne. Aka haɗa shi da wani matashi da ba ya ajiye wayarsa. A ƙauye na farko manaja ya riƙe kugu yana dariya ya ce wa direban, "Baba Direba, in mun fito daga kogo ka dawo nawa kwale-kwalen ka tuƙa ni, ai aikinka ne." Kowa ya ji.

Muna isa Maƙogwaro na ga Kawu ya tsoma hannu a ruwa ya duba. Ruwan ya fara yin ja da laka. An yi ruwan sama a can kan duwatsu ke nan, kogi zai ƙaru. Bai gaya wa baƙi ba, ba a gaya musu, don wanda ya tsorata a kwale-kwale shi ke kifewa. Ya dai rage musu zaman ciki. Ba su daɗe a kan yashi ba ya fara tafa hannu.

"Ranku ya daɗe, jemagu sun ce sun gaji da hoto. A hau, a hau, abinci na hucewa!"

Suka hau suna dariya. Ya bi igiya ya dafa na baƙi duka shida. Ni a baya na ce, "Kowa ya shiga?" Suka amsa baki ɗaya. Muna fita suna ta ƙwala ihu, kowa na kiran sunan wani, kogon na mayar musu.

A waje ruwan ya ɗauke mu da sauri, ayarin ya warwatse a kan lanƙwasar kogi, ba ka ganin fiye da biyu a lokaci guda. Har muka isa ƙauye na biyu.

Matar da ke dafa wa baƙinmu abinci a can ta girmi Kawu, Yaya yake ce mata. Tun da safe yake faɗa mata adadin mutane a waya, ita kuma ta jera faranti a kan dogon tebur a ƙarƙashin rumfa. Kowa ya zauna ya ɗauki nasa. Can sai ta zo ta tsaya a kan Kawu, hannu a ƙugu.

"Na-Gaba, wane ne cikin baƙinka ya raina girkina?"

"Wa ya isa, Yaya?"

"To ga faranti can a rufe, ba wanda ya taɓa."

Na ga cokali ya tsaya a hannun Kawu. Ya miƙe ya dubi fuskokin da ke teburin ɗaya bayan ɗaya. Matashin mai waya ya ce, "Baba Direba ai yana wurin oga." Manaja ya ce, "A'a, ba tare kuke ba?"

Ban taɓa ganin fuskar Kawu haka ba. Ya tambayi jirgin ƙauyen mai inji, aka ce ya kai matan ƙauyen kasuwa. Ya duba waya, sabis ya ɗauke. Ya fizgi igiya da rigar ceto ɗaya, ya tura kwale-kwale ruwa, ya ce, "Digiri, shiga gaba."

Abin da ruwa ya kawo mu cikin sauƙi, shi muka koma muna hawa da ƙirji. A tsakiya ba a motsi ko kaɗan, sai muka bi gefe, inda nake kama saiwar bishiya ina ja, shi yana tuƙi a baya. Kumfa da karmami da guntayen itace suna wuce mu. Ina jin numfashinsa a bayana, duk lokacin da ya tsoma filafili ta hagu sai wani ɗan sauti ya kuɓuce masa ta haƙora.

"Kawu, kafaɗarka."

"Ja."

"Yana da fitila?"

"Fitila ɗaya ce a kowane kwale-kwale. Tana wurin yaron can. Ja, na ce!"

Na yi ta ja ina tunanin dattijon nan a tsaye a kan yashi, cikin duhun da ko tafin hannunka ba ka gani, ruwa na cin tudun a hankali. Na yi duk addu'ar da na sani, na koma farko.

Da muka isa Maƙogwaro na dubi bakinsa. Inda muka shige da safe da sauran fili a samanmu, yanzu tsakanin ruwa da rufin dutse bai fi tsawon tafin hannu biyu ba. Kwale-kwale ba zai shiga ba. Kawu ya kalli wurin, ya sauka cikin ruwa har ƙirji. Ya ɗaura igiya a ƙugunsa, ya naɗe ɗaya bakin a wata saiwa mai kauri, ya damƙa mini.

"Ka riƙa sakar mini kaɗan-kaɗan. In ka ji na fizga, ka ja da duk abin da Allah ya ba ka. Kada ka tsaya duba wanda ke zuwa."

"Kawu, mu jira a kawo mutane."

"Su zo su yi me? Su yi masa salla?"

Ya kwanta a kan ruwa, fuskarsa na kallon dutse, hancinsa kusan yana gogar rufin, ya tura kansa ciki. Hasken fitilar goshinsa ya ɗan yi rawa a kan ruwan, ya ɓace.

Ban san tsawon zaman da na yi ba. Akwai wata tsaga a jikin dutsen da na kafa wa ido. Da ya shiga tana sama da ruwa sosai. Ina kallo ruwan ya taɓa ta, ya rufe ta. Igiyar ta daina tafiya, ta yi sanyi a hannuna. Na kira shi, ƙarar ruwa ta haɗiye muryata. Na fara tunanin abin da zan je in ce wa mahaifiyata, da matar Kawu, da 'ya'yansa mata da ke jiran ya dawo musu da rake kamar kullum. Na yi kuka kamar ƙaramin yaro, ban saki igiyar ba.

Sai ta fizge ni har na durƙusa.

Na ja. Nauyin ya fi na mutum ɗaya. Igiyar ta yanke mini tafin hannu, na naɗe ta a damtse na ci gaba da ja da baya, ƙafata na zamewa a laka. Furfurar gemu na fara gani. Direban ne, a ɗaure cikin rigar ceto, igiyar a ƙugunsa, goshinsa duk ya kurje, yana tari yana aman ruwa. Bayansa babu kowa. Na ƙara ja, sai ga hannun Kawu na dama, ya naɗe ragowar igiyar a wuyan hannunsa. Na jawo shi kan gaɓa. Hannunsa na hagu yana lilo kamar ba a jikinsa yake ba.

"Yana numfashi?" Abin da ya fara tambaya ke nan.

"Yana yi, Kawu."

Ya rufe ido.

Direban ya daɗe kafin ya iya magana. Da ya samu baki sai ya kama ba mu haƙuri. Cikinsa ne ya murɗa, ya zaga bayan wani dutse, kunya ta hana shi faɗa a gaban ogansa da matan ofis. Ya ji muna tafiya, ya ƙwala kira, amma kowa ihu yake yi. Lokacin da Kawu ya same shi, ruwa ya kai masa ƙugu, yana rungume da dutse.

"Ku yafe ni, na wahalar da ku," yake ta cewa.

Kawu ya buɗe ido ya ce, "Malam, ni na bar ka. Yi shiru ka huta."

An mayar da kafaɗar da ta goce a asibiti, amma hannun bai ƙara ɗaguwa sama da ƙirjinsa ba. Mai kamfani bai kore shi ba, ya mayar da shi sito, yana wanke rigunan ceto yana liƙe kwale-kwalen da suka huje. Ni an ce in koma gaban ayari. Na ce a ba ni lokaci, har yau ban ba da amsa ba, kuma ban sake kusantar kogon ba.

Direban kan zo ranar da ba ya aiki. Ba sa hira sosai. Yakan naɗe hannun riga ya riƙe tiyo, Kawu na goge riguna da hannu ɗaya. Ran nan na same su haka, ruwa ya jiƙa wa dattijon wando har gwiwa.

"Malam," in ji Kawu, "kai da ba ka son ruwa."

"Wannan ai ni ke riƙe da shi," in ji direban, ya juya tiyon kan riga ta gaba.