Ranar da Lauya Ya Zaunar da Lamba Tara

Shekara goma sha tara Lauya ya yi yana shiga kotu, ba a taɓa jin ya ɗaga murya ba. Shi dai a ba shi takarda. Sai ya ɗora rula a ƙarƙashin layin farko, ya bi ta layi-layi har ƙasa, har da ƙananan rubutun nan da kowa ke tsallakewa. Matarsa kan ce ko takardar cikin kwalin magani ba ta tsira a hannunsa.

Ƙwallo kuwa, ko a makaranta shi ne mai gadin takalman masu bugawa. Abin da ya haɗa shi da wani kulob na ƙwallo wata shari'a ce a kan kwantiragin ɗan wasa, wadda ya ci musu a zama biyu. Daga nan shugaban kulob ya maƙale masa, ya yi ta sintiri a ofishinsa, har ya rataye baƙar rigarsa ya zama babban manajansu. Yayansa ya ce ya bar aikin manya ya koma wasan yara. Lauya ya yi dariya, amma maganar ta yi masa ciwo.

Ofishin da aka ba shi a ƙarƙashin kujerun 'yan kallo yake, taga ɗaya da fanka mai ƙara. Takardun 'yan wasa ya tarar a cushe cikin buhu, ya buɗe wa kowa fayil. 'Yan wasa suka raɗa masa Baba Rula, koci kuma yana gaishe shi ne kawai don kada a ce bai gaishe shi ba.

A shekararsa ta uku, wasa ɗaya ya rage su haye babban rukuni. Ranar Laraba yana bin rahotannin alƙalan wasa, sai ya ga Lamba Tara, mai ci musu ƙwallaye, katin gargaɗi biyar gare shi, ba huɗu ba. Ɗaya an ba shi ne bayan an busa tashi, saboda tsiwa, kuma ba wanda ya ƙirga. Ƙa'ida ta ce mai biyar ya zauna wasa ɗaya, in ya buga a ƙwace makin.

Da Lauya ya kai musu maganar, koci ya yi ta kumfar baki cewa ba wanda zai lura. Shugaba bai yi faɗa ba, cewa kawai ya yi in aka sha kashi ranar Lahadi, Lauya ya kwashe fayilolinsa ya koma kotu.

"Ranka ya daɗe," in ji Lauya, "in ni na gani, wani ma zai gani."

Ranar Lahadi aka zaunar da Lamba Tara kusa da shi, ya haɗe rai, ko kallonsa bai yi ba. Magoya baya suka yi wa Lauya ihu son ransu. Tsoro yake ji sosai, don ya riga ya ƙaunaci aikin nan, ba ya son barinsa. Har minti tamanin babu ci. Sai koci ya sako wani dogo da aka saya kwanan nan. Nan take Lauya ya jawo fayil ɗin dogon. Shi da kansa ya yi wa dogon rajista, amma duk da haka ya buɗe fayil a kan cinyarsa, ya sunkuya yana neman kwanan watan rajistar, don ya tabbatar an yi ta a kan lokaci.

Kansa na ƙasa filin ya kece da sowa, dogon ya jefa ƙwallo a raga. Bai ankara ba Lamba Tara ya sure shi sama kamar buhun auduga, takardu suka watse, tabarau ya karkace.

"Baba, ka ga ƙwallon nan kuwa?"

Lauya ya share hawaye da hannun riga.

"Ban gani ba, ɗana. Amma takardunsa lafiya lau suke."