Dankalin Inna Zuliha

Inna Zuliha ba ta sayar da dankali. Na fara da wannan ne don mutane da yawa da suka biyo ta injinmu sun ɗauka sana'arta ke nan. Sana'arta turara shinkafa. Tana da tukwane na rabin duro a bayan injin casar da nake aiki a Kura, dab da inda ake zubar da buntu, wato ɓawon shinkafar da inji ke fitarwa, kuma da shi take hura wuta. Ta jiƙa shanshera, wato shinkafa da ɓawonta, ta turara, a shanya, sannan a kawo mana mu casa. Ni ɗan dako ne, sunana Ɗanladi. Ban iya tsara zance ba, abin da na gani da idona kawai zan faɗa.

'Yar wani ƙauye ce a ƙasar Bunkure. Ta ce tana yarinya aka haƙa magudanan ruwan noman ranin nan, in an aike ta kai fura gona sai ta tsaya kallon motocin haƙa har furar ta yi tsami. Aure ne ya kawo ta Kura. Mijinta manomin albasa ne, ya rasu ya bar ta da 'ya'ya mata, kuma da wannan turarar ta aurar da su duka. Hayaƙi ya ci mata idanu, kullum jajur suna ruwa. Ba ta da yawan fara'a. In ka gaishe ta za ta amsa, in ka tsaya jan gaisuwa sai ta miƙo maka bokiti ta nuna maka famfo.

Wutar buntu ba ta ci bal-bal kamar ta itace. A hankali take ci ta ciki, sama toka, ƙasa jawur. In Inna ta sauke tukunyar safe, zafin nan ba ya tafiya a banza. Sai ta wanke dankalin Hausa, ta tura shi cikin tokar da wani guntun rodi, ta rufe, ta koma bakin aikinta. Kafin azahar ya nuna har tsakiya. Ta tono, ta karkaɗe, ta zuba a faranti, ta ajiye mana a gefen abincinmu tare da ɗan kwanon man gyaɗa da yajinta. Yajin ita ke daka kayanta: ƙuli-ƙuli, barkono, citta, masoro, kanumfari kaɗan, gishiri. Ba ta taɓa cewa ga dalilin da ya sa take ba mu ba. Mu ma in mun ga buhunta a ƙasa mukan ɗauka mu kai mata shanya, shi ke nan.

Mu ma'aikatan injin a kwano ɗaya muke ci. Kowa a kawo masa daga gida, mu haɗa a gindin darbejiya bayan sallar azahar, a juye, a sa hannu. Babbanmu Baba Dattijo, shi ke fara bismilla. Akwai Musaddiƙ, ɗan dako irina, wanda bakinsa ba ya hutawa ko da tuwo a ciki. Akwai kuma Surajo, wanda ke kula da inji.

Wata ranar kaka, aiki ya yi yawa, bel ɗin inji ya zame. Surajo ya sa hannu zai gyara ba tare da an kashe inji ba, kamar yadda ya saba, kamar yadda kowa ke yi. Bel ya ja hannun. A asibiti suka yanke shi daga wuyan hannu. Na dama ne.

Da ya warke, mai injin bai kore shi ba. Ya mai da shi wurin shanya, yana juya shinkafa da ƙafa yana korar awaki. Mutane kuwa sun yi masa magana har ta ishe shi. Wannan ya ce ƙaddara, wancan ya ce a yi haƙuri. Liman da kansa ya zaunar da shi ya gaya masa cewa wanda ba shi da dama babu laifi a kansa in ya ci da hagu. Surajo ya ce to, ya gode.

Ranar da ya dawo ci tare da mu, akwai wani direba baƙo da ya zo lodi, muka ce bismilla ya zauna. Surajo ya ɓoye dungun a cikin hannun riga, ya miƙa hagunsa cikin tuwo. Direban ya janye nasa hannun da sauri.

Ya ce, "Haba malam! Da hagu? A kwanon mutane?"

Baba Dattijo ya daka masa tsawa. Direban ya ga abin da ake ciki, ya shiga ba da haƙuri, har yana rantsuwa bai lura ba. Na yarda bai lura ba. Amma Surajo ya riga ya mai da lomar gefen kwano, ya tashi.

Daga ranar, da an idar da sallah sai ya zagaya bayan sito. Abincin da matarsa ke aikowa ya hana a juye a namu, kuma sau da yawa haka yake komawa gida ba a taɓa ba. Mutumin da ke yini a rana a kan siminti, babu ci. Wuyansa ya zama kamar na zakara. Wata rana ya yanke jiki ya faɗi a kan shanya, muka yayyafa masa ruwa. Da ya farfaɗo ya ce mini zai bar aikin, zai tafi inda ba a san shi da hannu biyu ba. Yana da mata da ƙananan yara, kuma ni na san babu wani wurin da ke jiran mai hannu ɗaya.

Muka yi ta fama da shi. Musaddiƙ ya ce, "Wallahi in ka dawo, ni ma da hagun zan ci, mu ga wanda zai yi magana."

Surajo ya ce, "Ka ci da hagu kana da dama? Ka ɗauki zunubi saboda ni, sannan kowa ya zuba mana ido? Bar shi kawai."

Inna Zuliha tana jin duk wannan daga bakin tukwanenta. Ko sannu ban ji ta ce masa a kan maganar ba.

Abin da ta yi, ta daina kawo mana dankali a faranti. Da Musaddiƙ ya leƙa ya ce, "Inna, yau an manta da marayu ne?" sai ta ce, "Ƙafata ke ciwo. Mai so ya matso." Dole muka ɗauke tabarmarmu daga gindin darbejiya muka dawo kusa da wutarta, wurin da ke kallon bayan sito. Sannan ta ɗaga murya.

"Surajo! Zo ka tono mini dankalin nan, idona ba ya gani cikin toka."

Ba a ƙin aiken tsohuwa. Ya zo yana ɗaure fuska, ta miƙa masa rodin. Aikin hannu ɗaya ne. Ya tono su ɗaya bayan ɗaya yana mirgino su waje. A nan na lura gashin dankalin ya sake. A da, ɗungum take ba mu, kowa ya ɓare nasa, kuma ɓare dankali mai zafi sai da hannu biyu. Yanzu da ya fito sai ta tsaga kowanne gida biyu a tsaye, ta shafa mai a fuskar, ta barbaɗa yaji, ta kifa su a kan murfin duro da ta ɗora bisa garwashi. Man ya yi ƙara, yajin ya kama jikin dankalin ya yi ja, ƙanshin citta ya tashi har masu keke-napep a bakin titi suna waiwaye. Ɓawon ya zama kamar ɗan kwano. Ka ɗauka ka gatsa, ba sai ka ɓare komai ba. Kuma ba na Surajo kaɗai ta yi wa haka ba, duka ta yi wa.

Ba ta miƙa wa kowa a hannu ba. Ta ce kowa ya ɗauka daga kan murfin. Zafi kuwa kamar me. Musaddiƙ ya fizgi nasa, ya shiga jefa shi daga wannan hannu zuwa wancan yana hura iska.

"Wayyo Inna, kin kashe ni! Wannan dankali ne ko garwashi?"

Ta ce, "Haɗamarka ce ta kashe ka. Wa ya kore ka?"

Baba Dattijo damansa duk miya, sai ya tallafi nasa da hagu yana jira ya huce. Ni kaina na kai baki kafin in tuna a wane hannu yake. Kowa na fama da yatsunsa, babu mai kallon na wani. Rabi ɗaya ya rage a kan murfin. Inna ta juya baya tana zuba buntu a wuta, ta ce, "Wanda ya tono shi ke da na ƙarshe. In ya ƙone ba ruwana."

Surajo ya daɗe a tsaye. Sannan ya tsuguna, ya ɗauka, ya ci. A tsugune ya cinye, yana kallon wuta. Musaddiƙ ya buɗe baki zai yi magana, Baba Dattijo ya taka masa ƙafa.

Haka aka ci gaba. Kullum sai Inna ta kira Surajo tono. Da farko a tsugune yake ci a bakin wuta, daga baya ya fara zama a gefen tabarma. Inna ta ƙara yawan dankalin, in na Hausa ya yi wuya a kasuwa ta sayi na turawa, ta ƙara masa tafarnuwa. Na san daga cikin ɗan abin da take samu take saye, don na taɓa ganinta tana taya rabin buhu a kasuwar Kura har mai kayan ya gaji da ita. Surajo ya daina faɗuwa, ya daina zancen tafiya. Amma kwanon tuwo bai sake kusantarsa ba. Dankalinsa kawai, nasa shi kaɗai, ya ci ya tashi. Ni dai ban ɗauki wannan a matsayin ya dawo ba. Mutum yana zaune da ku amma hannunsa bai shiga inda naku ya shiga ba, baƙo ne.

Sai damina ta faɗi. Wata safiya aka yi ruwa mai ƙarfi, rumfar Inna ta yi yoyo, buntun ya jiƙe sharkaf. Ta yi ta fama, hayaƙi kawai yake yi. Ranar ko tukunya ɗaya ba ta ɗora ba. Da muka idar da azahar muka shimfiɗa tabarma a barandar sito, Surajo ya nufi wurin wuta kamar kullum, ya ɗauki rodin. Inna tana zaune a kan turmi tana goge ido da gefen mayafi.

Ta ce, "Ajiye. Yau babu."

Ya ce, "Ko ɗaya, Inna?"

"Ko ɗaya. Tuwo ne kawai, ga shi can yana hucewa. Ni ba zan iya da ruwan sama ba."

Ya tsaya da rodin a hannu. Daga inda yake, bayan sito ya fi kusa da shi fiye da tabarmarmu. Baba Dattijo bai yi bismilla ba, ya ɗora hannuwa a gwiwa yana kallon titi. Mu ma muka jira. Tuwon masara ne da miyar kuɓewa, miyar har ta fara yin fata a sama.

Surajo ya jingine rodin, ya tako ya zauna kusa da ni. Ya jawo buta, ya tsaya yana dubanta, don mai hannu ɗaya ba ya zuba wa kansa ruwa ya wanke a lokaci guda. Na karɓi butar na zuba masa. Ya murza yatsunsa sosai, ya yarfe. Baba Dattijo ya yi bismilla ya yanki lomarsa, Surajo ya yanki tasa.

Aka yi loma uku ko huɗu. Sai Musaddiƙ ya kasa daurewa.

"Baba, ka ga abin da ake yi mana? Duk mun saba tsaron dama, shi kuma ta hagu yake zagayowa. Ina naman da ke gabana?"

Surajo ya ce, "Yana cikina. Ka kai ƙara."

Baba Dattijo ya ce, "Ku ci abinci, 'yan nema, mota na jiran lodi."

Har yau Surajo yana wurin shanya, kuma da mu yake ci. In baƙo ya zauna, wani lokaci nakan ga Surajo ya ɗan ja jiki, sai Baba Dattijo ya tura kwanon gabansa ya ce ya fara. Zuba masa ruwa ya zama na duk wanda ya fi kusa da buta.

Inna Zuliha kuwa idon ya ƙara lalacewa. 'Yarta da ke aure a Garun Mallam ta zo har sau biyu za ta tafi da ita, ta ce sai ta gama turarar da ta karɓa, kuma kullum sai ta karɓi wata. Na taɓa ce mata, "Inna, kin san ke kika riƙe mutumin nan?" Ta dube ni da jajayen idanun nan, ta ce buhunta biyu suna bakin famfo tun safe, ko sai ta yi musu ƙafa. Na je na ɗauko.