Ranar da Gwaggo Mastura Ta Ƙi Ruwan Tsibiri

Gwaggo Mastura ƙanwar mahaifina ce. An haife ta a Mai Wurno ta ƙasar Sudan, iyayenta suka ƙetaro teku da ita daga tashar Sawakin tana ƙaramar yarinya. Kakanmu bai zo Hijaz neman dukiya ba. Ya zo ne ya yi hajji, ya zauna, ya mutu a binne shi a wannan ƙasa, kuma haka aka yi. Gwaggo ta gaji wannan buri gaba ɗaya. In ta ji an yi rasuwa, kafin ta tambayi ciwon da ya yi ajali sai ta tambayi inda aka kai mamacin.

A unguwar Karantina ta Jidda take zaune, cikin ɗakin katako mai rufin kwano. Mijinta, marigayi Ɗan'azumi, ga-ruwa ne, kuma wurinsa ta ɗauko wata ɗabi'a. Ba ta shan ruwa sai ta san asalinsa: na kindasa ne, wato injin da yake tace ruwan teku, ko na tanki, ko na rijiya, kuma rijiyar wa. Tun tana budurwa take aikin raino a gidan wasu 'yan kasuwar katako. Ita ta goyi Shaikh Abdulghani, har ya yi furfura Dada yake ce mata. Da ya gina gidansa a unguwar Sharafiyya ya mayar da aikinta can, ta ci gaba da goyon 'ya'yansa. Ni ma ita ta samar mini aikin akawu a ofishinsa.

A lokacin zafi na shekarar 1974 maigida ya sami harkar jiragen dakon katako a Girka, ƙasar da mutanen Jidda suke kira Yunan. Ya tafi da iyalinsa don su sha iska, ya tafi da ni saboda takardu, ya tafi da Gwaggo saboda autarsa Fauziyya, wadda ba ta cika shekara uku ba kuma ba ta barci sai a bayan Dada. Gwaggo ba ta so tafiyar ba. Ta yarda ne bayan ya rantse mata cewa da ƙafarta za ta dawo.

Abin da zan faɗa na rana ɗaya ne, kuma ina wurin daga farkonsa zuwa ƙarshensa.

Da aka gama harkar katako, muka shiga wani babban jirgin ruwa mai kai masu yawon buɗe ido tsibirai. Da hantsi ya tsaya a gindin tsibirin Santorini. Na leƙa na ga ganuwar dutse ja da baƙa ta miƙe daga cikin teku, fararen gidaje a can ƙololuwa kamar an zuba gishiri. A tsakiyar ruwan kuma akwai wani ƙaramin tsibiri baƙi ƙirin, ba itace, ba gida, ba ko tsuntsu.

Maigida ya ɗauki jagora na yini guda, wani dattijo mai suna Yanni. A Iskandariya aka haife shi, don haka Larabcin Masar yake yi kamar ruwa, kowa yana jin sa har Gwaggo. Muna cikin ƙaramin kwalekwale mai inji ya fara bayani. Ya ce duk wannan ruwan da muke kai ƙasa ce a dā, dutse ya yi aman wuta ya fashe, teku ta cike ramin. Ya ce a kudancin tsibirin ana nan ana tono wani gari da toka ta binne, da benayensa da tulunansa.

Gwaggo ta gyara goyonta, ta kira shi da sunan da ake kiran Turawa a Jidda, ta ce, "Ya khawaja, me suka aikata?"

"Su wa, ya hajja?"

"Mutanen garin. Me suka yi aka kife musu ƙasa?"

Yanni ya yi dariya har da buga cinya. "Wa ya sani? Wataƙila surukansu suka zaga!"

Kowa ya yi dariya ban da ita. Ta juyo wajena ta yi magana da Hausa, murya ƙasa-ƙasa. "Na'ibi, ka san inda aka kawo mu?"

"Yawon buɗe ido, Gwaggo."

"Buɗe idon ubanka. Ba ka ji wa'azin Malam Usuman a Karantina ba? Irin ƙasar mutanen Annabi Salihu ce, ta arewa da Madina. Wurin da fushin Allah ya sauka ba a zama, ba a dariya, ba a shan ruwansa. Wucewa ake yi da sauri ana kuka."

Na ce mata wannan daban, wancan daban. Ta ce, "Kai ka karanta boko, ni na ji da kunnena."

Tana da tarmus guda, filas ɗin nan na ruwan sanyi, ta cika shi a babban jirgi. Yanni kuma ya zo da tulu biyu daga gidansa a tsibirin. Tun a kwalekwalen ta yanke hukuncinta: ruwan tarmus na Fauziyya ne, na tulu kuwa ba zai taɓa leɓenta ba. Na ji ta, amma na ɗauka zafin rana zai sauya mata ra'ayi kafin azahar.

Muka sauka a baƙin tsibirin. Babu ƙasa a wurin, sai duwatsu masu kaifi kamar gawayin maƙera, suna ƙara a ƙarƙashin takalmi. Muna hawa wani wari yana ƙaruwa, warin ruɓaɓɓen ƙwai. Rana ta sama ba ta kai ta Jidda ba, amma a Jidda ƙasa ba ta hura maka zafi daga ciki. A nan tafin ƙafata ya ji ɗumi ta cikin takalmi. Na tsorata ni ma, ban dai faɗa ba.

Maigida ya ce a ba ni yarinyar in ɗauka. Gwaggo ta ƙi. Ta ce in ƙasa za ta buɗe, to ta buɗe da su biyu tare. Ta ƙara ɗaure majanyi ta shige gaba, leɓunanta suna motsi, hawaye suna bin kumatunta.

A saman akwai rami mai faɗi, gefensa rawaya, hayaƙi fari yana fita ta tsagogin dutse. Yanni ya durƙusa ya tone tsakuwa da yatsa, ya ce kowa ya sa hannu. Maigida ya sa, ya fizge da sauri yana dariya.

"Ya Dada, ta'ali, zo ki ji. Ko murhunki na Karantina bai kai wannan ba."

"Abdu, tashi daga bakin nan! Na goye ka don ka zo ka sa hannu a ƙofar wuta?"

"Halas, shi ke nan, ya Dada, na tashi."

Yanni ya ce dutsen ya yi aman ƙarshe shekara ashirin da wani abu da suka wuce, ya gani da idonsa, kuma barci kawai yake yi. Da Gwaggo ta ji kalmar barci sai ta juya ta kama gangara ita kaɗai. Na bi ta a guje, tsakuwa tana zamewa a ƙafafunmu. A bakin ruwa na miƙa mata kofi daga tulun Yanni. Ta ture hannuna, ruwan ya zube a kan dutse, ya bushe muna kallo.

Daga nan kwalekwale ya kai mu wani lungu inda ruwan teku ya zama ja kamar tsatsa, yana da ɗumi. Turawa suka yi ta faɗawa ciki suna shewa. Gwaggo ta rufe fuskarta da gyale. Ta ba Fauziyya ruwa a murfin tarmus, ta goge bakin yarinyar, ta mayar da murfin. Na lura leɓenta ya yi fari ya tsage, kuma ta daina gumi. Na taɓa ganin haka a jikin 'yan dako a tashar jiragen Jidda, na kuma san abin da yake biyo baya.

Na gaya wa maigida. Ya roƙe ta, matarsa ta roƙe ta. Ta ce azumi take yi. Maigida ya ce, "Da safe na gan ki da shayi, ya Dada." Ta kawar da kai.

Saura hawa zuwa garin da yake ƙololuwa, inda aka shirya abincin rana. Hanyar matakala ce mai lanƙwasa, ana hawa da alfadarai. Na so mu koma babban jirgi, amma ya matsa can tsakiyar ruwa, kuma kwalekwalensa ba zai dawo ɗaukar mutane ba sai yamma. Ƙasa ba inuwa. Dole muka hau. Gwaggo ta ƙi alfadari, ta ce dabbar tana bin bakin gaɓa da gangan. Da ƙafa ta hau, yarinya a baya.

Mun kusa kaiwa na ga ta tsaya ta dafa bango. Ta kwance majanyi a hankali, ta sauke Fauziyya, ta miƙa wa uwarta. Sai da ta ga yarinyar ta zauna a hannun uwar sannan gwiwoyinta suka saki.

Muka ɗauke ta zuwa inuwar wani farin bango. Jikinta zafi kamar tukunya, idanunta sun faɗa. Matar maigida ta jiƙa gyale tana shafa mata a wuya. Maigida, babban mutum mai jiragen katako, ya durƙusa a ƙasa yana kiran "Dada, Dada" kamar yaron da ya ɓata a kasuwa. Aka aika neman likita, aka ce ya tafi wani ƙauye. Tarmus ya ƙare.

Yanni ya daina raha. Ya ce, "Ya hajja, ruwan nan ba na rijiya ba ne. Na sama ne, muna tara shi lokacin sanyi."

Ta buɗe ido da ƙyar. "A ina kuke tara shi?"

"A rami, ƙarƙashin gida."

"Ramin a cikin ƙasar nan yake?"

Ya gyaɗa kai. Sai ya sake gwadawa, ya ce masu tonon garin ba su sami gawa ko ɗaya ba, alama ce mutanen sun tsira. Ta ce, "Ko kuma an haɗiye su har ƙashi."

Ta kama hannuna. "Na'ibi, ɗan yayana. In na cika, kada ku bar ni a nan. Ka kai ni Jidda, kusa da Baba. Ka ji?"

Hannunta a bushe yake kamar itace. Na juya na tambayi Yanni, a gabanta, inda ake binne Musulmi a tsibirin. Ya ce shi bai san da maƙabartarsu ba, wataƙila a sami wuri a bayan katangar ta Kirista. Na juyo na gaya mata da Hausa, ban sassauta ko kalma ba.

"Gwaggo, ki saurare ni. Aikina ke nan, na san yadda ake fitar da kaya da yadda ake fitar da gawa. Jirgin can na 'yan yawo ne, ba zai ɗauki gawa cikin wannan zafi ba. Kafin takarda ta zo daga Atina, babban birninsu, an binne ki. A nan. Cikin tokar nan. Ba liman, ba jama'a, ni da maigida kaɗai ne za mu tsaya miki salla. Sannan mu shiga jirgi mu tafi, ke ki zauna da dutsen har tashin ƙiyama."

"Kai, Na'ibi!"

"Ruwan kofi ɗaya zai shiga cikinki ya fita. Ke kuwa in kin shiga cikin ƙasar nan ba fita."

Ta dubi ƙasar da take kwance a kai, fara-fara mai laushi kamar gari. Ta ɗaga hannunta daga kanta kamar ta taɓa garwashi. Can ƙasa, ta ƙarshen lungun, ana hango baƙin tsibirin a tsakiyar ruwa. Ta daɗe tana kallonsa.

"Ba ni," in ji ta.

Na tallafi kanta. Ta yi bisimilla, ta yi istigfari, ta kurɓa tana kuka, haƙoranta suna bugun kofin. Yanni ya ce a hankali, kaɗan-kaɗan. Ta sha wannan, ta sha wani. Bayan wani lokaci na ga gumi ya tsattsafo a goshinta, sai a lokacin na zauna a ƙasa.

Ba a ci abincin rana ba, ba a je garin da ake tonowa ba. Da yamma aka ɗora ta a alfadari, ni da maigida muna riƙe da ita hagu da dama, idonta a rufe har bakin ruwa. Da ta taka babban jirgi, abu na farko da ta yi shi ne cire takalmanta ta karkaɗe su a teku.

Muna sauka Jidda ba ta kwana ba sai a Makka. Ta yi umra, ta sha zamzam har cikinta ya ƙi karɓa. Ta kai maganar gaban Malam Usuman, ya ce mata ba kowane dutse mai wuta ne wurin azaba ba, kuma wanda ƙishirwa za ta kashe ba shi da laifi. Ta gode masa, ta fito ta ce mini shi bai ji warin wurin ba.

Ba ta sake fita Hijaz ba. Shekara biyu bayan haka maigida ya shirya tafiya Masar, ta ce ya ɗauki Fauziyya ya koya mata barci a katifa. A gidajen suna da na biki a Karantina mata sukan sa ta ba da labarin tsibirin, ta kwatanta hayaƙin da jan ruwan da yadda Abdu ya sa hannu a rami. Ba ta taɓa kai labarin wurin kofin ba. In ina kusa sai ta harare ni, ni kuma in dubi wani wuri.

Ta rasu bara, bayan gajeriyar jinya, a ɗakinta na katako. Ana gobe za ta cika na kai mata ruwa, ta tambaye ni na ina ne. Na ce na famfon unguwa. Ta sha. Muka yi mata salla bayan la'asar, mutanen Karantina da na Sharafiyya suka cika sahu, Shaikh Abdulghani ya shiga kabarin da kansa ya karɓe ta. A Maƙabartar Asad take, nan Jidda, ɓangare ɗaya da mahaifinta.