Bayan Baba a Kan Layin Dogo

Shekarar da na gama koyon zane a kwaleji a Gidan Waya, a shekarar idon Mama ya fara mutuwa. Yanar ido ta rufe na hagu, na dama ma yana bin sahu. Ta kira ni gida Kafanchan, ta ce abu ɗaya take so kafin duhu ya gama da ita: in zana mata fuskar Baba ta rataye a bango. Hoto ɗaya muke da shi nasa, na ranar aurensu a coci, shi ma gara ta cinye shi a akwati tuntuni.

Na ce to, da bakin nan nawa mai saurin amsawa. Amma ina zan samo fuskar? Baba lebura ne a reluwe, ya rasu ko firamare ban shiga ba.

Muka zauna gindin mangwaro, tana faɗa ina zanawa: goshi mai faɗi, wushirya, ɗan tabo a haɓa. Da na gama ta ce ai ƙanensa na zana. Na sake, ta ce wannan kuma mai sayar da citta ne a kasuwa. Na kuma sakewa, ta kai takardar dab da hancinta, ta girgiza kai ta ajiye. Raina ya ɓaci sosai. Na yi ta ƙunƙuni cewa ni ba boka ba ne da zan ga wanda ban sani ba.

Abin da na sani nasa kaɗan ne. Da safe nakan tsaya a bayan gida, shi kuma ya bi layin dogo da guduma a kafaɗa, yana ƙanƙancewa har ya shige inda ƙarafan biyu suka haɗe. A kwaleji malami ya sha wahalar koya mana wannan da rula: na nesa a yi shi ƙarami, layuka biyu su je su haɗu a ɗigo ɗaya. Ni ban wahala ba, don tun ina yaro na san wurin. Shi na zana da fenti a kan katako: dogo, dutsen Kagoro dishi-dishi a gefe, akuya a gaba, can nesa mutum bai kai farce ba.

Mama ta fusata. Ta ce wane irin raini ne wannan, mijinta da sai ya sunkuya yake shiga ƙofa na mai da shi ƙuda, har akuya ta fi shi girma? A wurinta babba babba ne, ko yana ina. Na fara yi mata bayanin nisa da kusa irin na makaranta, sai muryata ta karye.

"Mama, iyakar abin da ya rage mini ke nan. Ban tuna fuskarsa ba."

Ta juyo gare ni.

"Ni ma ta ɓace mini, ɗana," in ji ta. "Na ɗauka tana wurinka."

Muka yi kuka, ba mai rarrashin wani. Daga baya ta sa na ɗora yatsanta a kan ɗan ɗigon, ta tambaye ni tafiya yake ko dawowa. Na ce dawowa yake. Ta ce to a rataye shi ƙasa-ƙasa, inda hannunta zai kai.

Kafin damina ta wuce idon ya rufe gaba ɗaya. Kullum in za ta fita sai ta lalubi wurin ta shafa, har ta koma ga Ubangiji.

Zanen yana ɗakina a Sabon Tasha yanzu. Dogon yana nan, akuyar ma tana nan da girmanta. Inda Baba yake kuwa yatsan Mama ya cinye fentin, sai farin katako.