Yadda Muka Yi Kaset da Turmin Aro

Edita, da hannuna nake rubuto maka wannan, ko da yake sai da na aurar da ɗiyana sannan na shiga ajin yaƙi da jahilci, don haka in ka ga gargada ka yi haƙuri. A zamanin mulkin farar hula na biyu, lokacin da sabulu da madara da sukari suka ɓace daga kasuwa, ni bazawara ce a Boɗinga, mai bakin da ba ya jiran a tambaye shi. Ina da ƙawa tun ta ƙuruciya, aure ya kai ta Shagari, mijin ya rasu ya bar ta da yara ƙanana a gidan surukai. Sana'armu dakan biki. Daga Dingyaɗi har Horo Birni ana kiranmu, mu shiga turmi ɗaya muna lugude, tana sauke taɓarya ina ɗaga tawa. A bakin turmin nan muka tsara waƙarmu. Ni ke tambaya, in ambaci abin da ya gagari mace a kasuwa, ita ta amsa da dabarar da mace ke yi ta rufa wa gidanta asiri. Babu uwar waƙa, babu 'yar amshi. Rabin baitocin nata ne, rabi nawa.

Wani Alhaji mai shagon kaset a Sakkwato ya ji mu a bikin ƙanwarsa, ya aiko mu zo a ɗauki waƙar da gita da kalangu irin na zamani. Surukan ƙawata suka ce za ta je birni ta zubar musu da mutunci ne kawai, kuma wa zai saurari muryar mai daka? Ni na matsa mata. Na ce muryarta na shiga kaset, ta daina surfe tana jiran a zuba mata tsaki a ƙwarya ta kai wa marayu. Ta bi ni ne don ta yarda da ni.

Aka shigar da mu wani ɗaki a bayan shago, an manna katifu a bango, aka tsayar da mu gaban makirufo hannu sake kamar masu jiran hoto. Ni na ja baitina lafiya lau. Da aka zo kanta sai ta makara. Aka sake, murya ta yi rawa. Aka sake, ta manta baitin da ita da kanta ta tsara. Alhaji ba mugu ba ne, amma ya ce zaren kaset na ɗaukar murya ya yi wuya a ƙasa, ɗaya ya rage masa, shawararsa in rera duka ni kaɗai, yaransa su yi mini amshi. Abin da har yau ke ci mini rai shi ne, kunya ta kama ni, na juya a gaban mazan nan na ce da ita ko bakinta ta baro a Shagari ne? Ba ta yi fushi ba. Ta gyara mayafi ta ce in yi waƙata, ita dama rakiya ta yi. Ta fita.

Na bi ta don in ƙara mata wata, sai na same ta zaune a dakali tana rera baitocin nan ƙasa-ƙasa, babu ko tuntuɓe, kafaɗunta na hawa suna sauka, hannuwanta a dunƙule kamar tana riƙe da wani abu. Nan na gane. Matar nan da taɓarya take numfashi, mu kuwa mun ƙwace mata ita mun ce ta yi waƙa.

Na koma na ce wa Alhaji, ranka ya daɗe, mu biyu muka zo, mu biyu za a ji, ko kuwa a riƙe zaren. A nemo mana turmi. Mai gita ya tambaya ko har da fura za a dama. Na ce masa in ya iya haƙuri zai sha, tunda na ga yunwa ce ke kaɗa masa gitar. Maƙwabciyar shagon wata tsohuwa ce, ta ce turminta ba ya fita waje, kuma ba a dakan turmi wayam a gidanta, amma in muna so ga geron tuwonta nan mu surfa mata. Namiji ba ya shiga gidan, sai Alhaji ya zauna a zaure da na'urarsa, aka ja doguwar waya, muka rataye makirufo a igiyar shanya. Muka ɗaure ƙugu. Taɓaryata ta sauka, tata ta bi, na jefa tambaya, ta cafe da wata murya da ta sa Inna tsohuwa ta saki guɗa. Sau ɗaya muka yi. Daga baya Alhaji ya ɗora gita da kalangu suna bin sautin turmin, kuma gaskiya ya san aikinsa. Guɗar ma ya bar ta.

Kaset ya fita. Duk motar hayar da ka shiga tsakanin Boɗinga da Shagari mu ne a ciki, mata na amsa baitin ƙawata tun kafin ta kai. Gidajen da a da muke shiga ta ƙofar baya mu yi daka, suka koma aiko mana da goron gayyata. Da waƙa ta ciyar da yaranta har suka zama mutane. Surukar da ta fi kowa zafi kuwa, ita ta riƙa gaya wa baƙi cewa waccan ta biyun matar ɗanta ce.

Abin da na koya, 'yan uwana mata, musamman masu tasowa da ke waƙa bibbiyu yanzu: in abokiyar tafiyarki ta gaza a wurin baƙi, kafin ki buɗe baki ki duba me aka raba ta da shi. Kada ki bari a zaɓe ki a zubar da ita, ko da an ce ke kin fi. Ni saura kaɗan in raba mace da muryarta saboda kunyar waɗansu maza da yau ko fuskokinsu ban iya tunawa.